Ragon da Bai Ga Yawunde Ba

"Na ce a ƙone shi! Ko ɗan uban wa ne, a ƙone shi kowa ya huta!"

Hajiya Zulfa ce ke wannan ihu, tana buga ƙafa cikin taɓo, ɗankwalinta ya zame har ana ganin furfurar da take ɓoye mana.

Wakili Idirisu, mai unguwarmu, ya ɗaga mata hannu. "Hajiya, ki bari a ji ta bakinsa tukuna."

"Wane baki, Wakili? Tun ɗazu ake tambayarsa ya yi gum kamar an cusa masa tsumma. Ba a gan shi a masallaci da asuba ba, ga jini a rigarsa, jiya kuma kunnen kowa ya ji abin da ya faɗa. Me ya rage? Sai ya yanka mutum?"

Ni Rakiya mai makala, wato fanke, ina tsaye da cokalin suya a hannu. Mai yana can yana ƙonewa a kasko, amma ran nan wa ke ta mai?

Ga yadda abin ya faro. Akwai babbar kwata da ta ratsa bayan masallacinmu a New Bell, duk damina sai ta cika ta biyo mu har ƙarƙashin gado, damina kuwa a Duwala ba ta san sallama ba. Da muka gaji, dattawa suka ce a tashi tawaga a je Yawunde, har sabon ginin Majalisa, wanda 'yan boko ke ce wa Asambale, a kai kuka wurin depitenmu, wato ɗan majalisarmu. Ba a zuwa wurin manya hannu rabbana, don haka unguwa ta haɗu ta sayi rago, fari tas, mai ƙaho kamar an nannaɗe shi da hannu. Alhamis za a tafi.

Wanda zai shigar da su ciki shi ne Awalu, ɗan Hajiya Zulfa, da ke aiki a can. Wane aiki? Oho. "Yana ciki," haka uwar ke cewa, tana ɗaga hanci. Mu nan gidajenmu ba lamba, in za ka kwatanta wa baƙo sai ka ce bayan masallaci, ka wuce mai tsire, ka tsallake katako. Amma Hajiya Zulfa ta haddace lambar akwatin gidan waya na Majalisa, buwat postal kaza Yawunde, tana jan ta kamar carbi a gidan suna, a gidan biki, har a gidan makoki. Duk Juma'a Awalu zai shigo unguwa da jaka a kafaɗa da takalmi sau-ciki, jar ƙasar Yawunde ta yi wa takalmin lalle, Litinin ya koma. Mu ƙasarmu baƙa ce kamar gindin tukunya, da ganin jan nan ka san daga inda mutum ya fito. Har hoton ginin ya kawo wa Wakili, an sa masa gilashi an rataye a falo.

To ranar Laraba da aka fito daga sallar asuba, sai ga ragon a yanke a ƙofar Wakili. An shafa jininsa a ƙyaure, an zagaye shi da toka, an ɗaura masa baƙin ƙyalle a ƙaho. Tsofaffi suka ce sammu ne, duk wanda ya taka hanya bayan wannan ba zai dawo da ƙafarsa ba. Nan take tafiya ta fasa.

Sai aka tuna da Bilya mai bensikin, wato ɗan acaɓa. Babarbare ne daga Kuseri, ba shi da kowa a Duwala sai motonsa, wato babur ɗinsa. Shi ya ɗauko ragon daga kasuwa ranar Talata, ragon ya yi masa fitsari a cinya, da aka sauke shi kuma ya tunkure shi ya faɗa kwata. Muka yi dariya, har da ni. Bilya ya tashi yana ɗiga, ya ce, "Allah ya sa wannan ragon kada ya ga Yawunde."

Yanzu ga shi an kulle shi a ɗakin ajiyar sumuntin Wakili, an rataya masa taya a wuya. Salman mahauci na zaune a ƙofar da kwalbar esans, wato fetur, tsakanin ƙafafunsa, samari sun kewaye shi. Na taɓa ganin irin wannan a bakin Kasuwar Kongo, na daɗe ban iya cin nama ba. Wakili ya yi maganar a kai shi komisariya, ofishin 'yan sanda, suka ce in 'yan sanda suka zo gobe ma a titi za a gan shi. Da ƙyar ya samu suka yarda a jira zuwa la'asar, ya aika a kira Baffa Yusufa.

* * *

Baffa Yusufa Bafulatani ne daga Banyo, dillalin shanu mai rufin asiri. A ƙuruciyarsa bin sawu yake yi. In an sace garke, shi ake sa wa a gaba, ya bi har tsallaken iyaka. Dogo ne siriri, maganarsa kamar ana sayar masa da ita.

Ya zo ya tsaya nesa da ragon, ya ce kowa ya ja baya. Ni ban ja ba.

"Goggo, ba da ke nake ba?"

"Baffa, ni ƙafata ba ta barin sawu, ba ni da nauyi."

Ya kalle ni ya ƙyale. Ya tsuguna ya duba wuyan ragon, ya kira Salman.

"Kai ka yanka?"

Salman ya zabura. "Ni? Baffa, dubi wannan aikin! Wanda ya yi wannan ko kaza bai iya yankawa ba. Ya yi ta goga wuƙa kamar mai yankan katako. Ni in na sa wuƙa, dabba ba ta sanin ta mutu."

"Na yarda," in ji Baffa. Ya miƙe ya dubi masallaci, ya sake duban ragon. "Wakili, ina ragon ya fuskanta?"

Wakili ya duba. "Alƙibla."

"A ɓarin hagu aka kwantar da shi, aka juya shi gabas, aka haƙa ɗan rami don jini. Ka taɓa jin mai sammu da ke neman alƙibla?"

Wata tsohuwa ta ce to tokar fa, da baƙin ƙyallen?

"Ado ne," in ji Baffa. "Wanda ya yi wannan ya so ya tsorata ku, amma shi ya fi ku tsoro. Hannunsa ya yi abin da ya saba gani ranar layya. Na rantse ma ya yi bisimilla."

Hajiya Zulfa ta ce, "To shi Bilyan arne ne? Ai shi ma ya san alƙibla."

Salman ya koma ya zauna kusa da kwalbarsa.

* * *

Ruwa ya sauka kafin asuba, ƙasa ta yi laushi. Ƙafafun masallata sun tattake gaban gidan, amma Baffa ya zagaya ta lungun da ke bin kwata, inda ba mai bi sai ɓera da mai gudun bashi. Na bi shi ina tattare zane.

"Ga shi nan," ya ce. "Takalmi sau-ciki. An buga masa ƙarfe a dunduniyar hagu. Da zuwa a hankali ya taka, da komawa da gudu."

Ya sa tsinke cikin sawun ya ɗago wani abu ya miƙo mini a tafin hannu. Ɗan ɓurɓushi ne, ja kamar barkono.

"Jar ƙasa," na ce. "Ta Yawunde."

"Wa ya zo daga can a kwanan nan? Ke ce rediyon unguwa."

"Allah ya isa, Baffa. Latifa mai atamfa ce ta dawo jiya da kaya."

Muka bi sawun har bakin kwalta. Can ya ɓace, daidai inda tayar moto ta tsaya ta nutse cikin taɓo ta sake tashi. Baffa ya daɗe yana kallon wurin.

"Moton ya zo da mutum ɗaya, ya tafi da biyu," ya ce.

Muka je wa Latifa a rumfarta ta Kasuwar Kongo. Tana jin abin da ya kawo mu ta ajiye almakashi.

"Ni? Goggo Rakiya, ke kika kawo sunana ko? Wallahi bakinki sai ya kai ki wuta."

"Ni tambayata aka yi, 'yar nan."

Ta tuɓe silifas ta jefa gaban Baffa. Ƙafarta kamar ta 'yar tsana, ba ta kai rabin sawun ba. Baffa ya juya silifas ɗin. Baƙin taɓo ne ya rufe shi, sai da ya kankare da farce sannan ja ya fito daga ƙarƙashi. Ya daɗe yana duban wannan abu fiye da yadda ya kamata.

"Useko," ya ce da Fulatanci, wato na gode, ya mayar mata.

Da za mu tafi, Latifa ta ja ni gefe, don ita ma ba ta iya riƙe magana. "Goggo, kin san na je har ƙofar Majalisar nan? Na ce bari in gaisa da ɗan unguwarmu. Gini kamar ba hannun mutum ya yi ba. Na kira Awalu a waya, ya ce suna cikin taro da manya, ba ya iya fitowa. Amma ni a wayar ƙarar injin yankan katako nake ji. Na ce to, wataƙila gyara suke yi."

Na kai wa Baffa wannan da ɗuminsa. Sai ya ƙara sauri.

* * *

Da muka dawo, samarin sun ƙaru. Wani ya kawo ashana yana kaɗa ta kusa da kunne kamar caki. Hadari ya haɗu ta wajen teku, garin ya yi duhu da rana tsaka. Wakili ya buɗe mana ɗakin sumunti.

Bilya na zaune a ƙasa, leɓensa ya fashe, taya a wuya. Bai ɗago ba.

"Ɗana, ina ka je da asuba?" in ji Baffa.

Bilya ya ƙara sunkuyar da kai.

"Wa ka ɗauka a bakin kwalta?"

Nan ya ɗago. Idonsa ya yi ja. "Baba, na dafa Alƙur'ani."

"Yau?"

"Da daɗewa."

Na ce, "Kai Bilya, wuta fa ake haɗa maka a waje! Ka faɗa, ka yi kaffara daga baya. Malamai sun ce ana yi."

"Goggo, wutar waje ta ɗan lokaci ce."

Baffa ya ce ya juya. Ya juya. Rigar aikinsa ce mai ruwan ɗorawa, irin ta masu bensikin. Gabanta fes. Jinin yana baya, a kafaɗu biyu, shatin yatsu sun fito sarai.

"Wakili, zo ka gani," in ji Baffa. "Mai yanka a gaba jini ke samunsa. Wannan dafa shi aka yi daga baya."

Wakili ya fita ya faɗa wa samarin. Salman ya ce, "To ai shi ya gudu da mai laifin. Ya faɗi sunansa, ko ya tafi a madadinsa. La'asar dai muka ce."

* * *

Ana kiran la'asar sai ga Awalu. Uwarsa ta kira shi tun da safe, ya ce yanzu zai hau motar Duwala. Ya shigo da jakarsa, kwat a hannu, takalmi jawur. Hajiya Zulfa ta tare shi da kuka.

"Ka ga abin da suka yi mana, Awalu? Baƙin ciki suke da kai!"

"Sa va, Mama, sa va," ya ce da Faransanci, wai ba komai. "Ai tafiyar sai a ɗage. Ni ma na gaya wa manya an samu matsala."

Bayan salla Baffa ya ce a taru a falon Wakili: Salman, Latifa da aka kira daga kasuwa, Hajiya Zulfa da ɗanta, da limamin unguwa. Aka shigo da Bilya da tayarsa. Ni ba a kira ni ba, amma na riga kowa zama.

Falon Wakili da darduma yake, ba a shiga da takalmi. Kowa ya tuɓe a bakin ƙofa ya shiga. Aka zauna ana jiran Baffa. Baffa bai shigo ba. Ta taga ina ganin ƙeyarsa, ya tsuguna a kan takalman mutane kamar mai zaɓen tumatir. Daga can waje kuma ana jin samari suna buga ƙyauren gidan da tafin hannu, a hankali, ba sa fasawa.

Ya shigo da takalmi ɗaya a hannu, ya shimfiɗa buhu, ya ɗora shi a tsakiyar falo. Na hagu ne. Ƙarfen dunduniyar yana ƙyalli.

"Na wa ne?"

"Nawa ne, Baffa," in ji Awalu yana murmushi. "Lafiya?"

"Daga Yawunde kake?"

"Yanzu na sauka. Ai ga shaida nan a jiki."

"Latifa, ke da kika dawo jiya, da kika sauka a ajans, tashar mota, me kika taka?"

"Taɓo mana, Baffa. Har idon sawu."

"To. Na duba silifas ɗinki, ja na ƙasa, baƙi na sama. Haka hanya take jera su: ƙasar da ka baro tana ciki, wadda ka iso tana waje." Ya ɗauki takalmin Awalu ya shafa da babban yatsa. Jan ya biyo yatsan, danye sharaf. Ƙarƙashinsa baƙi ne ƙirin. "Wannan kuwa baƙi na ciki, ja na waje. Mutum ya yi rabin yini a mota, ƙasar ba ta bushe ba? Ba taka ta aka yi ba. Shafa ta aka yi."

Hajiya Zulfa ta miƙe. "Kai tsohon Bafulatani, ɗana kake..."

"Zauna, Hajiya," in ji Wakili. Ban taɓa jin muryarsa haka ba. Ta zauna.

Baffa ya sa tsinke a tsagar ƙarfen dunduniya ya ƙwaƙulo. Baƙin taɓo ya fito, sannan wani abu busasshe mai duhu, da gashi fari a manne. Ya ajiye a kan buhun. Ba wanda ya tambayi gashin mene ne.

Awalu ya dubi takalmin, ya dubi hoton Majalisa a bango, ya dubi uwarsa. Sai kawai ya rufe fuska.

"Mama, sau ɗaya na je. Jarrabawar ɗaukar aiki na je yi, ban ci ba. Na tsaya a bakin ƙofa wani ya ɗauke ni hoto, na turo miki don ki ga na iso lafiya. Kafin in dawo kin yi sadakar shinkafa, kin gaya wa duk New Bell. Ta ina zan fara?"

A Bonaberi yake, nan tsallaken gadar Duwala, a wurin masu yankan katako, yana ɗaukar kaya, yana kwana a bayan injin. Jar ƙasar daga tulin masu gyaran hanya yake ɗiba, yana ajiye ta a gwangwanin madara. Duk Litinin Bilya ke ɗaukarsa wai zuwa ajans, sai ya tsallaka gada da shi. Har kilishin da Hajiya ke rubuta wa buwat postal a jiki ta ba Bilya ya kai mota, gada kawai yake tsallakawa.

"Da na ji tawaga za ta zo, na rasa inda zan sa kaina. Na ce in aka ga alama za a fasa, shi ke nan, ba wanda zai cutu. Bilya bai san abin da na yi ba, kiransa kawai na yi ya ɗauke ni."

Liman ya ce, "Da ka shigo ɗazu, ka ga taya a wuyansa?"

Awalu ya kawar da kai.

"Ka gani?"

"Na gani."

Bugun ƙyauren waje ya ƙaru. Salman ya dubi kwalbar da ke hannunsa kamar yanzu ya fara ganinta. "Wakili, suna jiran suna. Me zan ce musu?"

Ni dai bakina ba ya jin magana. Na ce, "Ai Hajiya ta riga ta yanke hukunci tun da safe. Ko ɗan uban wa ne."

Hajiya Zulfa ta zube a ƙasa ta kama ƙafar Wakili. Ɗankwalin ya faɗi gaba ɗaya, ba ta ko kula ba. "Wakili, don Allah. Don Annabi. Shi ke nan gare ni."

Wakili ya dubi Salman. Sannan ya ce, "Salman, zuba wannan esans ɗin a kwata, ina kallonka. Ka ce musu Bilya ba shi da laifi. Ka ce a ƙofata aka yanka, ni zan yi shari'ar, ni da Liman. Ragon kuwa halal ne, an yi masa bisimilla. Ka feɗe ka raba musu, kowa ya tafi gida."

Salman ya fita. Muka kasa kunne. Hayaniya ta tashi, ta yi sama, har Awalu ya rarrafa bayan kujera. Sannan a hankali ta kwanta. Yunwa ta fi fushi ƙarfi a New Bell.

Wakili ya juya wurin Bilya. "Ɗana, ka yafe mana. Mun zalunce ka."

Bilya ya miƙe da ƙyar. Ya ɗaga tayar daga wuyansa da kansa, don har lokacin ba wanda ya tuna ya cire masa. Ta bar masa baƙin zobe a riga. Ya ɗauke ta ya kai gaban Hajiya Zulfa ya ajiye a hankali.

"Hajiya, ga kayanki."

Ya juya ga Awalu da ke leƙe daga bayan kujera. "Na dafa Alƙur'ani ba zan faɗa ba. Ban faɗa ba. Liman shaida ne."

"Bilya, don Allah, ka tsaya in..."

"Ranar Litinin ka nemi wani mai moto."

Wakili ya ce ya zauna ya sha ruwa, a kawo masa cinyar ragon. Bilya ya dube mu ɗaya bayan ɗaya, har da ni da na yi masa dariya ranar Talata. Ya fita ya maka ƙofar da ƙarfin da sai da bango ya girgiza, hoton Majalisa ya suɓuce daga ƙusa ya faɗo a kan tayar, gilashin ya tarwatse.